Ragon da Ke Cikin Littafin Maigidana

Maigidana manomi ne, amma ranar kasuwa yakan kafa tebur a Dawakin Tofa yana gyaran rediyo da waya. A daminar da na yaye ɗiyata ta biyu ya tsiri wata ɗabi'a. Da ya dawo daga gona ya yi la'asar, sai ya zauna gindin dalbejiya da littafin rubutu irin na 'yan makaranta. Idan na matso da ruwa, ya rufe.

Wata rana ina shara na ga littafin ƙarƙashin katifa, na buɗe. Ashe labari yake ƙirƙira, na wata ƙasa mai rana biyu. Mutanen can suna da wata na'ura kamar hular ƙarfe. In mutum ya sa ta ya ba da labarinsa, sai ta adana shi har da ƙamshin wurin da faɗuwar gabansa. Duk wanda ya sa hular daga baya, sai ya tsinci kansa a cikin labarin kamar shi abin ya faru da shi.

Ina ta dariya har na kai shafi na tara. Wani attajiri ya sa hular, ya zama yarinya 'yar shekara takwas. Ana gobe babbar sallah ta kwance ragon layyar babanta saboda ta shaƙu da shi. Ta raɗa masa a kunne, "Ka gudu, kada ka waiwayo." Aka ɗora laifin a kan yayanta, aka zane shi da tsumagiya, ita kuwa ta yi gum.

Tsintsiyar ta faɗi daga hannuna. Ni ce yarinyar nan, kuma kalmomin da na raɗa wa ragon ke nan. A gidanmu na Bagwai aka yi, kuma ban taɓa faɗa wa kowa ba, ko Inna.

Daga ranar na daina yarda da kayan aikinsa. Akwai wani akwati da yake tara wayoyin wuta da ƙananan ƙarafa a ciki, na zazzage shi ina neman abu mai kama da hula, ban ga komai ba sai matattun rediyoyi. Wayarsa da yake bari a kan taga idan zai tafi gona, na riƙa kife ta da kwano don kada ta naɗi maganata. In ya shigo na rage magana. Ko waƙar daka na bari.

Sai na ɗana masa tarko. Na tsaya kusa da wayar ni kaɗai, na ce da ƙarfi wai na taɓa jefa ɗankunnen kakata a rijiya, alhali ƙarya ce. Na jira kwana huɗu na duba littafin. Babu ɗankunne, babu rijiya. Maimakon hankalina ya kwanta, sai na ce a raina ya gane tarko ne.

Shi ya fara gajiya. Wata safiya ya ɗaga kwanon ya ga wayarsa.

"Wai me na yi miki ne? Sati biyu kina kallona kamar ɓarawo."

"Malam, wa ya ba ka labarin ragon?"

Ya sosa ƙeya. "Au, kin karanta ke nan. Yayanki ne. Ranar da muka je taya shi huɗar dawa ya ba ni, muna hutawa."

"Ƙarya ne. Yaya bai sani ba."

"Yana kan katanga lokacin da kika kwance igiyar. Ya ce ya ga ba za ki iya ɗaukar dukan Baba ba."

Washegari na hau babur zuwa Bagwai. Na tarar da Yaya yana gyara ƙotar fartanya. Na durƙusa na nemi gafararsa, kuka ya ci ƙarfina. Ya yi dariya ya ce, "Tashi, ke dai. Ai ragon ma bai yi nisa ba, a gonar liman aka kamo shi."

Da na natsu na tambaye shi ko ya ji abin da na raɗa wa ragon.

"Daga kan katanga? Ina zan ji? Ban ma san kin yi masa magana ba."

Na dawo gida na tsare maigidana da wannan. Ya rantse shi ya ƙago kalmomin, ya ce ya yi tunanin abin da zan faɗa ne kawai, tunda ya san halina. Wataƙila gaskiya ne. Na daɗe ina kallon idonsa ban gano komai ba.

Ya ce in ina so ya yage shafin. Na ce ya bar shi, amma ya mayar da yarinyar namiji, domin matan unguwarmu ba su da wahalar gane mutum. Ya karɓi biro ya gyara a gabana, ni kuma na zauna na karanta sauran shafukan ɗaya bayan ɗaya kafin na ɗora tukunya.