Gurbin da Ke Kan Benci

A shekarata ta biyu a jami'a a ƙasar Turawa, ƙungiyar ɗalibai ta shirya baje tsofaffin hotuna a gininmu na Aldwych. Ni aka ba aikin rubuta bayanin da za a liƙa a ƙarƙashin kowane hoto, don an san ba na son taro amma ina iya wuni a laburare.

Hoto ɗaya ya tsaya mini a rai. Na 'yan ƙwallon jami'ar ne, tun zamanin da ba a yin hoto mai kala. Wasu na tsaye a baya, wasu na zaune a kan benci, kocinsu, wani Bature mai furfura, yana tsakiya. A gefen kocin akwai gurbin mutum ɗaya, ba kowa. A gaban gurbin kuma wani baƙar fata ne tsugunne a ƙasa, riƙe da ƙwallo. A irin waɗannan hotuna kyaftin ne ke riƙe ƙwallo. Da na matso da hoton kusa da ido, sai na ga zane a kumatunsa, irin na kakana.

Shugabar kwamitinmu ba ta yi wata-wata ba. Ta ce in rubuta cewa an hana kyaftin baƙar fata wurin zama. Kowa ya gyaɗa kai, ni ma ban yi musu ba. Amma na kasa rubutawa. In hana shi aka yi, me ya sa aka bar gurbin? Me ya sa hannun kocin yake miƙe wajen kafaɗarsa, kamar mai son ɗaga shi?

Ranar Juma'a na hau jirgin ƙarƙashin ƙasa zuwa Tottenham, masallacin da Hausawa ke taruwa. Bayan salla na kasa tunkarar dattawan, sai na nuna wa Hajiyar da muke sayen tuwo a wurinta hoton a waya.

"Ai Likita ne," in ji ta. "Har yanzu haka kunnuwansa suke. Yana nan a gidan 'yarsa. Ka tafi masa da miyar kuka, zai buɗe maka baki."

'Yarsa ce ta buɗe ƙofa. Na gaishe ta da Hausa, ta amsa da Turanci. Tsohon yana kan kujera, bargo a ƙafafunsa. Na tuɓe takalmi, na tsuguna na gaishe shi, sannan na miƙa masa wayar.

Ya daɗe yana kallo. Ya fara nuna mini su da yatsa: golansu da ke tsoron ƙwallo, da ɗan bayan da ke zuwa fili da littafi a aljihu.

"Farkon kakar nan kowa ya lallasa mu," in ji shi. "Ni a busasshen fili na koyi ƙwallo a Zariya. Nan kuwa laka ce har idon sawu, ka buga ƙwallo ta tsaya tana kallonka. Sai da sanyi ya fara wucewa muka gane kanmu. Kofi dai ba mu ci ba, amma wasannin ƙarshe ba wanda ya taɓa mu."

Na yi ta juya tambayar a baki kafin ta fito.

"Baba, a makaranta ana cewa hana ka zama aka yi."

Ya yi dariya har tari ya kama shi.

"Hana ni? Roƙona suka yi ta yi. Mutumin nan shi ke koyar da mu a aji, ya girmi mahaifina. In haɗa kafaɗa da shi a benci ɗaya, kuma a aika hoton gida? Mai hoton ya gaji, ya ce a ɗauka haka."

'Yarsa ta tsaya a bakin kicin da cokali a hannu. Ta ce ita ma tun tana ƙarama ta ɗauka wulaƙanta shi aka yi, shi ya sa ba ta taɓa tambaya ba.

"Wulaƙanci an yi," in ji shi, ya daina dariya. "A filayen da muka je baƙunta na ji maganganun da ba zan maimaita maka ba. In za ka rubuta, rubuta wannan. Amma kada ka ɗora wa mutumin nan abin da bai yi ba. Shi ya ba ni ƙwallon da hannunsa."

Na rubuta duka biyun. Shugabar kwamitin ta ce bayanin ya yi tsawo, na ce ba zan rage ba. Ta dube ni da mamaki, don ba ta saba jin muryata ba, ta bar shi yadda yake.

Da na koma na karanta masa, ya saurara har ƙarshe, sannan ya nuna kujerar da ke kusa da tasa.

"Ɗana, tashi ka zauna a nan mana."

Na ce a'a Baba, nan ma ya yi.

Ya juya wajen 'yarsa. "To, kin gani? Wa ya hana shi?"