Maigandi da Girkawansa

Da an sauko daga La'asar, Maigandi zai jingina wayarsa da gwangwanin madara, ya tsiyaya shayi, ya ce, "Ku matso, 'yan'uwanmu sun iso."

'Yan'uwan nan Girkawa ne na cikin wani tsohon fim, waɗanda suka bar duwatsun ƙasarsu suka tafi wanke kwanuka a ƙasar sanyi. Maigandi mutumin Maraɗi ne, yana gasa burodi a unguwar Harra ta Gabas, can ƙasa mai tsarki, tun gemunsa na baƙi. Ko kalma ɗaya ta Girkanci bai sani ba, amma shi ke fassara mana.

A bakinsa, wani tsoho cikin Girkawan Malam Bature ne, kafili, wato ubangidan da ya kawo shi aiki, ya riƙe masa fasfo. In an fasa faranti wurin rawa, sai ya ce uwargida ce ta yi fushi. In tsohon ya tsura wa teku ido, Maigandi ya sassauta murya: "Cewa yake, bayan Hajji zan koma." Mu yi dariya, domin abin da shi ma yake faɗa wa matarsa Bara'atu ta waya ke nan kowace shekara.

Sai dai da jirgin ruwan cikin fim ɗin ya juya gida da tsohon, yakan kashe wayar. Wai caji.

Ran nan Sanusi direba, abokin ɗakinsa, ya riga shi, ya soka mata caja.

"Baba, yau sai mun raka Malam Bature har ƙofa."

"Kai ɗan nema, wa ya aike ka?"

A fim, tsohon ya sauka a ƙauyensu da akwati. Kare ya yi masa haushi. Wata tsohuwa ta leƙo, ta dube shi sama da ƙasa, ta yi magana. Muka juya ga mai fassara.

"Baba, me ta ce?"

"Ta ce sannu da zuwa."

"To me ya sa ta rufe ƙofa?"

"Iska ce, yallah, ku ba ni abata!"

Ya fizge wayar, ya lalubo lambar Bara'atu, ya yi gyaran murya kamar mai zuwa zance.

"Ba zan faɗi sunana ba," in ji shi. "Mu ga ko tsohuwar nan za ta gane ni."

Ya zura takalmi ɗaya nasa, ɗaya na Sanusi, ya fita, wai sabis ba ya kamawa a ɗaki.