Asma'u, Wadda Ta Koya wa Sabon Inji Jira

Da hantsi, bayan 'yan makaranta sun wuce, masu koko sun fara kankare gindin roba, a lokacin Malama Asma'u take fitowa daga lungunsu na Ƙofar Jatau. Hijabi ruwan toka, tabarau a karan hanci, da wata baƙar jaka da hannunta ya sha tsinkewa baduku yana ɗinkewa. Ba ta sauri. Ko tana so ma ba za a bar ta ba, don kafin ta kai bakin titi an tare ta ya fi a ƙirga. Wannan wayarta ta faɗa tukunyar miya, waccan kwamfutar 'yarta tana ƙara kamar injin markaɗe. Kowa sai ta tsaya ta ji ta bakinsa, ta ce, "To, ina nan tafe, a ajiye mini kunu."

Tana da ɗan shago, amma ba a nan aikinta yake ba. A cikin Birni baƙon namiji iyakarsa zaure, mace kuma ba za ta ɗauki wayar da ke cike da hotunanta ba ɗankwali ta miƙa wa samarin bakin kasuwa ba. Sai abu ya lalace a ƙuryar ɗaki, a lulluɓe shi da zane, a haƙura. Asma'u ce ta kawo ƙarshen wannan haƙurin. Da tafireta ta fara a wani ofishin gwamnati, da kwamfuta ta zo ta koyi bugu da ita, daga bugu ta koma leƙa cikinta, daga leƙe ta sayi sukundireba. Yau kusan shekara talatin tana sallama a gidajen mutane ana ce mata shigo. Ta ga abin da ta gani a wayoyin matan Birni, amma har yau ba a taɓa jin an ce "in ji Asma'u" ba.

A ƙarshen watan nan za ta rataye jakar. Ido ya gaji, ƙananan kusoshin nan sun fara yi mata ɓoyo. Ta miƙa shagon ga Huseina, ɗaya daga cikin matan da ta koya wa sana'ar. Ba za a yi taro ba, ba za a ba ta lambar yabo ba, ita ma in aka ce za a yi sai ta tsere. Shi ya sa ya kamata a faɗi wani abu guda da ta yi a wani gida a Kusfa. Mutanen gidan sun yarda a faɗa.

Hajiya Batulu 'yar Kufena ce. Mahaifinta manomi ne kuma gwanin dara, da bai samu ɗa namiji da wuri ba sai ya zaunar da ita ya koya mata. Aure ya kawo ta Kusfa, unguwar malamai, inda macen da aka gani tana haƙa gurabun dara a tsakar gida ta shiga bakin duniya. Ta binne abinta a ciki, har Allah ya ba ta Ja'afaru.

Ja'afaru ɗan fari ne, kuma Hajiya irin matan dā ce masu tsananin kunyar ɗan fari. Ba ta kiran sunansa. "Wannan" take cewa, ko "yaron nan". Ba ta yabonsa, ba ta zama hira da shi a gaban mutane. Shi ma Yaya yake ce mata, don ya taso ya ji ƙannenta suna kiranta haka. Amma yaro ya gano uwarsa ta iya dara, sai ya riƙa tono gurabu a bayan ɗakinta bayan la'asar, ya zuba tsakuwa da karare ya zauna shiru. Ita ma sai ta zo kamar wucewa za ta yi, ta tsuguna. Ba sa cewa komai. Darar ce hirarsu.

Ya girma ya karanci kwamfuta a jami'a. Da zai tafi bautar ƙasa ya harhaɗa wani tsohon inji da kayan gwanjo, ya rubuta wasan dara da kansa, ya ɗauki muryarsa ya sa a ciki. Ya ɗiɗɗiga jan fenti a kan maɓallan da za ta riƙa dannawa, ya ajiye injin kusa da gadonta ya ce, "Ga abokin wasa kafin in dawo." Idan an kunna sai muryar ta ce, "Salamu alaikum, Yaya. A zuba?" Idan ta taka, sai ya ɗan yi jim kamar mai tunani, sannan ya ce, "Yaya, kin tabbata?" Idan ta jera uku ta cire masa ɗa kuwa, sai ya ce, "Kai! An cinye ni."

Bai dawo ba. Hatsarin mota ne, a hanyar zuwa gida hutun Sallah. Ranar da aka kawo labarin, gida ya cika da kuka, ita ce ke bi tana ba mutane haƙuri. Aka yi ta cewa kai, Hajiya akwai tawakkali. Ba wanda ya lura cewa kullum bayan la'asar, in dai akwai wuta, tana sakin labule ta kunna injin, ta rage murya.

Asma'u ta sani, don ita ke kula da injin. Ta canja masa fanka, ta canja ɗan batirin agogon cikinsa, ta hure masa ƙura shekara da shekaru. Ba ta taɓa tambayar muryar wane ne ba, Hajiya ma ba ta taɓa faɗa ba. "Abin nan ya fara tari," shi ne iyakar abin da take cewa. Tun da wuri kuma Asma'u ta kwafi wasan ta adana a wurinta, don ta san ƙarfe ba ya dawwama.

Daminar bara ruwa ya yi gyara a Birni. Rufin ɗakin Hajiya ya yi yoyo daidai kan injin, aka kunna shi da sauran laima, ya yi tartsatsi ya mutu. Asma'u ta buɗe ta duba, ta rufe. Ta bi masu gwangwan na Sabon Gari, ta aika Kano a nemo mata irinsa. Waɗanda aka samo duk gawa ne.

Hajiya Batulu ba ta yi ƙorafi ba. Sai dai tuwo ya fara komawa kicin yadda aka kawo shi. Ta daina fitowa tsakar gida. Bayan la'asar sai ta juya wa ƙofa baya ta kwanta. 'Yarta Sa'adatu ta kai ta asibiti, aka auna jini aka auna komai, aka ce tsufa ne. Autanta Kabir, da yake ɗan albarka ne, ya ji an ce kwamfutar Hajiya ta ƙone, ya aiko daga Abuja da sabuwa dal, siririya, irin mai naɗewa, ya sa aka cika ta da karatun Alƙur'ani da wasanni kala-kala. Ta sa masa albarka, ta tura ta ƙarƙashin gado. To me za ta ce? Ta ce ba inji take nema ba, muryar ɗanta na fari take kewa? Bakin da bai iya kiran sunansa yana raye ba, ina zai iya wannan.

Asma'u ta zo gaisuwa, ta ga yadda wuyan Hajiya ya zurma. Ta jawo sabuwar kwamfutar ta ce, "Hajiya, a ara mini wannan in gwada wani abu."

Nan fa aka shiga daga. Ta zuba wasan a sabon injin, ya ce bai san wannan ba, ba zai buɗe ba. Wasan an rubuta shi ne tun zamanin baƙin allo da farin rubutu, sabuwar Windos kuwa, manhajar da ke tafiyar da injin, ta daɗe da mance wannan yaren. Akwai wurin da ake lallaɓar inji a ce ya ɗauki kansa tsoho, ta gwada, ya ƙi. Sai ta nemo wata manhaja da ke gina tsohuwar kwamfuta a cikin sabuwa, kamar a gina ɗakin ƙasa a tsakiyar gidan siminti. Ta yi ta karatu a waya da idon nan nata da ke ruwa, Huseina tana cewa, "Malama, ki huta mana." Wasan ya buɗe, ga gurabu ga 'ya'yan dara, amma bebe. Ta koma ta bi saitin sauti ɗaya bayan ɗaya, har ranar da abin ya yi magana.

Da ta ji maganar sai ta dafe kai. Muryar ta fito a tsuke, a guje, kamar ta ɗan tsako. Jim ɗin nan da yake yi kafin ya taka kuwa babu shi, kana ɗaga yatsa ya riga ya rama. Ta gane dalili. Ja'afaru ya sa injin ya riƙa ƙidaya ne kafin ya yi motsi ko ya furta kalma. Tsohon inji a hankali yake ƙidaya, sabon kuwa kafin ƙiftawar ido ya gama. Maganin shi ne a rage masa gudu, kuma manhajar tana da maɓallin yin haka. Amma a rage zuwa ina? Ita a tsaitsaye ta saba jin muryar, tana gyara tana kawar da kai. Mutum ɗaya ne a duniya ya san daidai yadda take.

A nan ne ake gane Malama Asma'u. Da wata ce, da ta shiga da murna tana cewa, "Hajiya, zo ki ji ɗanki!" Da kuwa Hajiya ta juya baya, an rufe maganar har abada. Ita sai ta samo jan farce ta ɗiɗɗiga a kan maɓallan da suka dace, ta jira bayan la'asar, ta yi sallama ta saki labule da kanta.

"Hajiya, taimako na zo nema. Kunnena ya yi nauyi. Injin nan rawar kai gare shi, so nake ya yi tafiyar tsohon, ke za ki gaya mini in ya yi."

Hajiya ta tashi zaune da ƙyar. Aka kunna, ɗan tsakon ya yi sallamarsa a guje. Ta yamutsa fuska.

"Wannan ai shirme ne."

"Shi ya sa na zo. Bari in rage."

Ta danna, ta sake kunnawa. Muryar ta ɗan buɗe.

"Rage," in ji Hajiya.

Ta rage. Suka yi ta yi, a kunna a kashe. Can Asma'u ta zarce, muryar ta yi kauri tana jan ƙafa, Hajiya ta ce, "A'a, kin mai da shi tsoho. Bai kai nan ba." Ta kawar da kai da ta ji abin da ya fito daga bakinta. Asma'u ba ta ɗago ba, ta ƙara gudun kaɗan, ta tura mata injin gabanta.

"Salamu alaikum, Yaya. A zuba?"

Hajiya ta gyara zama. Ta miƙa yatsa kan jan ɗigon, suka zuba 'ya'ya, ta taka. Injin ya yi jim. Sa'adatu, wadda ta kawo ruwa ta tsaya a bayan labule, ta ce ita dai ta ji kamar numfashin ɗakin ya tsaya. Sannan muryar ta zo, a natse, da 'yar tsokanar nan tasa.

"Yaya, kin tabbata?"

"Na tabbata, Ja'afaru."

Sa'adatu ta ce tun da aka haife ta ba ta taɓa jin sunan nan a bakin uwarsu ba. Ta leƙa ta ga hawaye yana bin fuskar Hajiya har haɓa, ba ta ko share ba. Malama Asma'u kuwa ta tsunduma kai cikin baƙar jakarta tana neman wani abu da ba ta samu ba har aka gama wasan. Da za ta tafi ta ce, "Wannan yana da batir, ko babu wuta zai yi aiki." Hajiya ta ce, "Sa'adatu, akwai sauran tuwon nan?"

Malama, ke ce kika san cewa gyara ba a kan ƙarfe yake ƙarewa ba. Ke ce mai sallama a ce shigo, mai gani ta yi kamar ba ta gani ba. Kin zauna da sabon inji mai gaggawa kin koya masa ya jira tsohuwa, kin kuma bar mata kunyarta a hannunta har ta sauke da kanta. Wallahi mun ji daɗinki, kuma za mu yi kewar ganin jakar nan a lungu. Allah ya saka miki da alheri, ya ƙara wa idonki haske, ya sa Huseina ta gaji hannunki da kuma bakinki.

Ku kuma masu gyara, maza da mata, idan aka kawo muku tsohon abu kada ku yi saurin cewa a jefar a sayi sabo. Ku fara duban fuskar mai shi tukuna. 'Yan matan Birni da ke ganin sukundireba ta maza ce, ga shagon nan a buɗe, kuma akwai ɗakunan da ku kaɗai za ku iya shiga.

Da za a rubuta wannan, an aika Sa'adatu ta tambayi Hajiya Batulu ko tana da saƙon da za a isar wa Malama. Ta same ta a tsakar gida tana tsince shinkafa, jikoki na kewaye da ita. Ta ɗan yi tunani, sannan ta ce, a gaban kowa, ba tare da ta rage murya ba:

"Ku ce mata jiya ma na cinye Ja'afaru."