Ranar da Ɗana Ya Tuɓe a Filin Idi

A lokacin ni tela ne a Tasawa, mai ji da kansa, har daga Korgom ake kawo mini ɗinkin salla. Ɗana na fari yana ɗan shekara biyar na ɗinka masa shadda mai sitati, na zuba mata aiki a wuya don ya zame mini talla. Ana tsaka da sallar idi yaron ya tsala ihu, ya tuɓe riga da wando, ya ratsa sahu a guje tsirara. Kafin la'asar gari ya ɗauka wai ɗinkina ko ɗan cikina ya ƙi sa shi.

Na zane shi, bai daina ba, duk sabuwar riga sai an yi kokawa. Innata ta ce iska ce, ni kuwa na ɗora wa telan da shagonsa ke kallon nawa laifi, wai asiri ya yi mana, na daina gaishe shi. Muka samo turaren hayaƙi muka turara yaron, ya yi ta amai, mu kuma muna murna wai aljanun ne ke fita. Madam ɗinsu ta lakwal, wato malamar makarantarsu, ce ta faɗa mini yana toshe kunne in an buga ƙararrawa, ta ce mu gwada asibiti a Maraɗi.

Likitar ta duba kunnensa da fatarsa, ba ta ga komai ba. Ta tambayi uwarsa yadda yake yi da aski, da ƙarar injin niƙa, da tuwo mai gudaji. Ta bar shi yana wasa tana kallo, ta shafa masa auduga, ta shafa soso, sai da muka yi ta komawa. Daga baya ta ce jikinsa yana jin taɓi da ƙara da wari fiye da namu, bakin ɗinki a fatarsa kamar ƙarangiya yake. Da ta tambaye shi me rigar take yi masa, ya dube ni a tsorace ya ce, “Cizo takai. Na hwaɗa ma Baba.”

Ya faɗa kuwa, ni ne na ce iskanci ne. Kunyar da na ji a ɗakin nan ta fi ta filin idi. Yanzu yadi mai laushi nake wankewa in ɗinka masa, in juya bakin ɗinkin waje, masu wucewa su yi ta cewa tela ya birkice. Iyaye, in yaro ya ce abu na cizonsa, ku ajiye bulala ku kai shi a duba. Nawa har yau in na ɗauko abin awo sai ya ja da baya.