Zumar da Na Zuba a Rubutun Jikana

A shekarun da zan ba da labarinsu, ni malamin zaure ne a wata unguwar Hausawa da ke gefen Omdurman. Kakannina sun taso daga ƙasar Hausa da ƙafa da niyyar aikin hajji, guzuri ya ƙare musu a bakin Nilu, suka zauna. Na gaji littattafan mahaifina da ɗalibansa. Daga hantsi zuwa azahar ina karantar da fiƙihu da nahawu, bayan la'asar kuma ina yi wa masu lalura rubutun sha, wanda maƙwabtanmu Larabawa ke kira mihaya. Na saba a zo gabana da tambaya, amma ban saba a tambaye ni dalilin abin da na aikata ba. Na rubuto wa wannan shafi ne domin malamai 'yan'uwana, ba domin neman tausayi ba.

'Yata ta fari ta auri wani ɗalibi ɗan ƙasar Gambiya da ya zo Khartoum karatun Larabci, yake kuma ɗaukar darasi a zaurena. Ɗansu na fari a gabana ya tashi. Yaro ne da bai iya tafiya a hankali ba. Ko masallaci da gudu yake zuwa, na sha tsayar da shi ina nuna masa cewa salla da natsuwa ake nufo ta. Kakarsa tana kiransa maigidanta, tana cewa da ni tsufa ya kama ni, ga angon da ba a cim masa. Da ya fara tasawa iyayensa suka koma Gambiya da shi. Can wani malamin makaranta ya lura da ƙafarsa, har ya zama mai tseren gajeren zango a ƙarƙashin tutar ƙasar mahaifinsa, yau yana wata ƙasar Afirka, gobe yana Turai. Sau ɗaya na kalle shi a wayar wani ɗalibina. Kafin in daidaita tabarau an gama. Da na faɗa masa haka ya yi dariya, ya ce ai in na samu damar ganinsa sosai, to ranar ya sha kaye.

Ana sauran 'yan watanni a yi wata babbar gasa da ya daɗe yana shiryawa, jijiyar cinyarsa ta motsa, ya zo hutawa wurinmu. Na ga yana karanta jikin kowane kwali kafin ya ci abin da ke ciki, har ƙwayar ciwon kai da kakarsa ta miƙa masa ya ƙi. Ya bayyana mini cewa a sana'arsu ana gwada fitsari da jini a kowane lokaci, kuma duk abin da aka tarar a jikin mutum shi zai ɗauki nauyinsa, ya sani ko bai sani ba. Na ce wannan shari'a ce da ba ta duba niyya, na kuma ɗauke ta abin da bai shafi gidana ba.

A kwanakin nan tsofaffin masallacinmu suna ta yabon wani haɗin zuma da wani mai kayan ƙamshi da saiwoyi yake sayarwa a kasuwar Omdurman. Akwai wanda ya daɗe yana salla a zaune, ya sha, ya miƙe. Ban tambayi yadda zuma za ta yi wannan aiki cikin mako guda ba. Na saya. Tun yana ƙarami ina sa masa zuma a rubutu saboda ɗacin tawada, don haka na rubuta ayoyin waraka a allo, na wanke da ruwan randa, na zuba wannan haɗi, na miƙa masa ƙwarya. Ya riƙe ta bai kai baki ba.

"Jiddu, me ke ciki?" in ji shi. Haka yake kirana, wato kaka namiji a Larabcin can.

"Ayoyin Allah ne, da ruwa, da zuma. Wanne daga ciki kake tuhuma?"

Ya sunkuyar da kai, ya yi bisimilla, ya shanye. Haka muka yi kullum har ranar tafiyarsa, na kuma cika masa gora ya tafi da ita.

'Yata ce ta kira ni. Ta ce an gwada shi, an sami wani sinadarin ƙara ƙarfi da aka haramta, an cire sunansa daga gasar, an dakatar da shi na shekaru, jaridun can suna kiransa maguɗi. Na amsa da innalillahi, na ajiye wayar, na koma zaure domin ɗalibai suna jira. Babin ruwa muke a ranar. Na karanta musu cewa ruwan da wani abu ya cuɗanya da shi har ya sauya launinsa ko ɗanɗanonsa ko warinsa ya fita daga ruwan tsarki, kuma wajibi ne mutum ya san abin da ya faɗa cikinsa. Na fassara, na amsa tambayoyi, muryata ba ta yi rawa ba. Tun ina saurayi nake karantar da wannan babi.

Na daɗe ina kewaya ragowar zumar kafin na ba wani tsohon ɗalibina da ke aikin haɗa magunguna a unguwar Shajara ya kai a bincika. Ya dawo ya zauna nesa da ni, ya ce an niƙa ƙwayoyin asibiti an cuɗa a ciki. Sai a lokacin na ji daga bakin 'yata cewa kwamitin da ya saurari yaron ya ce masa in ya nuna inda abin ya fito, aka tabbatar ba da gangan ba ne, za a sassauta. Gorar tana cikin jakarsa. Ya zubar da ruwan a gindin bishiya, ya ce musu bai sani ba. Na kira shi na roƙe shi ya koma ya faɗi sunana, zan sa hannu a kan kowace shaida.

"Jiddu," in ji shi, "ba zan tsaya a gaban baƙi in ce musu kakana ne ya ba ni, kuma a ruwan ayoyi aka same shi ba. Gudu ne kawai."

Ban yi kuka ba, a ranar ko bayanta. Ina ci, ina salla, ina karantarwa, amma kamar wani ne yake yi ina kallonsa. Wa'adin dakatarwar ya cika bayan shekarun ƙafarsa sun wuce. Yanzu yara yake koya wa tsere. Ya zo gaishe mu sau ɗaya kafin wannan fitinar yaƙi da ta watsa birnin. Bayan la'asar ya ɗauko allona da kansa ya ajiye a gabana, ya ce yana son rubutu. Na rubuta, na wanke da ruwa zalla, na fara kurɓa kafin na miƙa masa. Ya shanye, ya yamutsa fuska, ya ce wa kakarsa ashe tsohon mijinta rowa ya koya, ko zuma babu. Suka yi dariya. Ni ina kallon ƙwaryar.

Abin da na fahimta shi ne sanin hukunci dabam, sanin abin da ke cikin kwalba dabam, kuma girman malami yana iya rufe bakin mai gaskiya. Ya ku masu allo da tawada, kada ku haɗa maganar Allah da abin da ba ku san asalinsa ba, komai yabon da aka yi masa a masallaci. Idan kuma ɗanku ya riƙe ƙwarya ya tambaye ku me ke ciki, ku amsa masa tambayar. Nawa ya tambaya sau ɗaya, ladabin da na koya masa ya hana shi maimaitawa.