Maigandi Mai Katifa da Bargon Lantarki

A zamanin da Argungu take ƙarƙashin Jihar Sakkwato, da wuya a kai amarya ɗaki ba tare da ɗinkin Maigandi ba. Rumfarsa tana bakin kasuwa, daura da masu albasa. Gajere ne kakkaura, gemunsa da hularsa kullum fari fat da audugar rimi, har baƙo kan ɗauka tsoho ne tun bai kai arba'in ba. Wajen kawunsa ya koyi sana'ar. In rimi ya fashe sai ya bi ƙauyuka da jaki yana sayen auduga, ya shanya, ya buge ta da tsumagiya har 'ya'yan su zube, sannan ya cusa a yadi mai ratsi-ratsi ya bi da basilla. Uwar amarya kan zo ta zauna daɓas a kan katifar don ta gwada, shi ko ya kau da kai yana murmushi, don ya san ba za ta lotsa ba.

Matarsa Riskuwa ɗiyar masunta ce, sana'arta turara shinkafa. Ɗansu ɗaya ya rayu, Atiku, wanda ya yi boko ya zama malamin gona a Birnin Kebbi.

Ana nan sai katifar soso ta shigo. 'Yan mata suka ce su sai ita, rumfar Maigandi ta koma wurin hira. Abin ya ci masa rai, har wata rana ya shiga mota zuwa Birnin Kebbi don ya ga abin da ya kashe masa kasuwa. Ya sami shagon Anayo, wani ɗan kasuwa Ibo da ya daɗe a garin, ya tsaya yana latsa soso da yatsa yana tsaki.

"Malam, saye za ka yi ko faɗa ka zo yi da ita?" in ji Anayo.

"Ni ad da katifar rimi ta Argungu. Na zo in ga wadda tak kore ni."

Anayo ya yi dariya, ya jawo masa benci. Ya ce shi ma yana da tasa damuwar, don in bazara ta yi, masu saye kan dawo suna cewa soso na dafa musu baya, su koma tabarma. "In za ka ɗinka mini siririya ta rimi, wadda za a shimfiɗa a bisa, ni zan sayar." A ganin Maigandi ƙasƙanci ne ɗinkinsa ya zama ɗan rakiya. Amma ya koma gida ya ɗinka, kaurinta bai wuce tafin hannu a kwance ba. Mutane suka raɗa mata suna ɗiyar katifa. Da ita ya ci gaba da riƙe gidansa, shi da Anayo kuwa suka ƙulla abota har suna zuwa wa juna suna.

Shekaru suka tura, ciwon gwiwa da na ƙugu suka kama Riskuwa. Da sanyi ya shigo sai ta kasa miƙewa. A lokacin ne gwamnati ta tura Atiku kwas Ingila, ya dawo mata da tsaraba, wani bargo mai laushi da igiyar lantarki a gefe. Gidan Argungu ba a ja masa wuta ba, don haka ya ɗauko ta zuwa gidansa na ma'aikata ta yi sanyin a can. Maigandi ya biyo su da sabuwar ɗiyar katifa a naɗe.

Riskuwa na ganin igiya ta ja da baya. "Atiku, mi niy yi maka za ka lulluɓe ni da wuta? Kai shi can!"

Lallashi ya ƙi ci. Maigandi ya ja ɗansa waje ya ce ya bar masa. Dabararsa ita ce ya farke ɗiyar katifar, ya sa bargon a ciki ya ɗinke, yadda ba za ta gani ba. Har ya zare basilla daga hularsa, Atiku ya riƙe masa hannu.

"Baba, ka yi haƙuri. Waya ce a ciki sirara. In allura ta huda ta, ko aka binne shi cikin auduga zafi ya taru, gobara za a yi."

Maigandi ya dubi basillar, ya dubi bargon. Tunda yake bai taɓa gamuwa da yadin da aka hana shi hudawa ba. Ya mayar da ita hula, ya ce, "To, kai ka san kayanka, ni na san uwarka. Mu haɗa."

Suka shimfiɗa ɗiyar katifa a kan katifar soso ta gidan, suka baje bargon a samanta ba tare da ninki ba, suka rufe da zanen gado. Atiku ya jona. Maigandi ya ce shi zai fara gwadawa, in mutuwa ce ta fara da shi. Ya hau da rana tsaka ya miƙe, Riskuwa tana leƙe daga bakin ƙofa tana salati. Ba a jima ba sai ga minshari. Tsohon ya yi barci har la'asar ta kusa wuce shi, ita da surukarta matar Atiku suna ta dariya har da hawaye.

Duk da haka sai da ta kafa sharaɗi, a ɗumama gadon, a zare igiyar a gabanta, sannan ta hau. Haka aka yi bayan magariba. Ta kwanta a ɗarare, can ta saki jiki, ta yi ajiyar zuciya.

"Maigandi, ka san mi wanga abu yat tuna min? Gadon ƙasa na innata, da aka zuba ma garwashi ta ƙarƙashi. Mu kan rige-rige hawa, ni da ƙannena."

Ta daɗe tana ba su labarin ɗakin nan na bakin gulbi, da warin kifin da ake ƙyafewa, da sunayen mutanen da Atiku bai taɓa ji ba. Maigandi yana zaune a bakin gado yana gyara mata inda ta manta.

Tun daga nan duk sanyi a Birnin Kebbi take yin sa. Ran da aka ɗauke wuta sai ta ce a kawo mata kaskonta na garwashi, ba ta fushi da kowa. Maigandi kan zo ran Juma'a da ƙyafaffen kifi, ya fitar da ɗiyar katifar ya shanya, ya bubbuge ta, ya mayar da kansa, don bai yarda wani ya iya shimfiɗa ta daidai ba.

Riskuwa ta rasu da damina, ana saura kaɗan a ba Kebbi jiharta. Bayanta idon Maigandi ya yi rauni, zare ya daina shiga masa kafar allura, ya rufe rumfa. Atiku ya yi ta fama da shi ya dawo wurinsa da zama, tsohon ya ce shi ba ya iya barci inda ba ya jin kwaɗin fadama. Sai dai in sanyi ya kama yakan zo ya kwana biyu. Ya sa a jona bargon a ɗakin da take kwana, ya zauna a bakin gadon ya ɗora tafinsa yana jiran ɗumi ya taso, jikokinsa na tambayarsa labarin kakarsu, yana ba su.