Ƙeyar Inna

Yayana Illo ya yi shekara talatin yana ɗaukar fim, amma da farko matuƙin kwalekwale ne kamar kowa a gungunmu, wani tsibiri kusa da Warra. Shekarar da aka sami 'yancin kai masu majigi suka zo, ya tsallakar da su da kayansu, ya liƙe musu har Kaduna. Can ya koyi kyamara, ya kuma koyo taurin kai. Ko ubangidansa bai isa ya taɓa masa kyamara ba.

Shi ne ɗan fari, don haka Inna ba ta faɗin sunansa, ba ta haɗa ido da shi. Kakarmu ce ta rene shi. In ya shigo gida sai Inna ta juya ta kama wani aiki, ko da babu aikin.

Da aka gama madatsar Kainji aka ce ruwa zai cinye gungunmu, sai aka turo shi da abokin aikinsa Bitrus su ɗauki tashin mutane. Ya gaya min fuskar Inna kaɗai yake so, a ƙofar ɗakinta, kafin komai ya nutse. Fim ɗin da ya rage masa bai fi na minti ɗaya ba.

Ya kafa kyamara. Inna na ganin wanda ke riƙe da ita ta ba shi ƙeya, ta ci gaba da ɗaure tukwane. Na roƙe ta har na gaji.

"Ce ma wancan shi kau da abin ga nai," in ji ta. "Ni in tsaya kallon shi gaban jama'a?"

Bitrus ya ce a ba shi ya ɗauka, shi baƙo ne, za ta dube shi. Gaskiya ya faɗa. Illo ya ƙi, wai da hannunsa yake so. Ya yi ta ɗauka yana jiran ta waiwayo har fim ya ƙare. In na tuna har yanzu haushinsu nake ji, shi da ita duka.

Inna ba ta ga damina biyu a sabon garin da aka mai da mu ba, kuma ba ta bar hoto ko ɗaya ba.

Illo ya ci gaba da aiki, daga fina-finan noma da rigakafi har na wasan kwaikwayo, ana ta yabonsa. Da ya tsufa ya dawo Yelwa inda nake zaune, ido ya fara tafiya. Wata la'asar ya kira ni.

"Hansatu, an ce ke ad da kama da Inna. Zamna nan ki dube ni."

Na zauna. Ya matso ya daɗe yana kallona, sannan ya tambaya ko Inna ma tana da wushirya irin tawa. Na ce tana da ita. Ya ce bai sani ba.